Da gaske Christian Okoye bai taɓa ƙwallon Amurka ba sai yana da shekara 23?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na ga bidiyon wani ɗan Najeriya, Christian Okoye, yana ture ƙarti a filin ƙwallon Amurka kamar sa ya shiga gonar dawa. An rubuta a ƙasan bidiyon wai bai taɓa riƙe irin ƙwallon nan ba sai yana da shekara 23, kuma wai ya zo ya fi kowa a gasar NFL. Gaskiya ne ko ƙarin gishiri? Ni shekarata 19, Allah ya ba ni jiki, kuma ina jifan dalma a makarantarmu. In shi ya iya, ni me zai hana?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗana. Babu ƙarin gishiri a cikin abin da ka karanta. An haifi Christian Okoye a Enugu ranar 16 ga Agusta, 1961, bai shiga wasan ƙwallon Amurka ba sai a 1984, kuma a kakar 1989 babu wanda ya kai shi yawan gudu da ƙwallo a duk faɗin NFL, babbar gasar ƙwararrun ƙwallon Amurka. Sai dai masu yanka bidiyo tsakiyar labarin suka ba ka, suka ajiye kai da wutsiya. Na yi shekaru ina koyar da yara jifa da guje-guje, kuma na bi wasan mutumin nan tun yana cikin ganiyarsa, don haka abin da nake so ka fahimta shi ne, Okoye baƙon ƙwallon ne amma ba baƙon horo ba ne. Ya zo da jikin da aka yi shekaru ana ginawa. Kuma salon da ya ɗaukaka shi, shi ne ya cinye shi cikin kaka shida.

Bari in fara da yadda wasan yake, don in ba haka ba alƙaluman da zan kawo ba za su yi maka ma'ana ba. Kowane ɓangare mutum 11 ne a fili. Tsawon filin yadi 100 ne, yadin nan dai da ake auna shadda da shi a kasuwa, wanda bai cika mita ba. Ɓangaren da ke riƙe da ƙwallo yana da dama huɗu ya ci gaba yadi 10. In ya samu, a sake ba shi wasu huɗun. In ya kasa, ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Wanda ya shigar da ita gidan abokan karawa ya ci maki shida. Hanyar ci gaba biyu ce: ko madugun ƙungiya, wanda suke kira kwatabak, ya jefa wa wani ya cafe, ko kuma ya danƙa ta a cikin mai gudu da ƙwallo, shi kuma ya rungume ta ya kutsa cikin mutane har sai an kai shi ƙasa. Aikin Okoye ke nan. Idan ka ji an ce ya yi yadi kaza a shekara, ana nufin jimillar tazarar da ya ci yana ɗauke da ƙwallo, kuma kusan kowane gudu ɗaya da karo yake ƙarewa.

Yana yaro ƙwallon ƙafa yake bugawa kamar kowane ɗan Najeriya. Yana ɗan shekara shida yaƙin basasa ya iso Enugu, don haka ƙuruciyarsa ba a cikin daɗi ta fara ba. Ya ci gaba da tamaula har wajen shekara 17, jiki ya yi ta buɗewa har ya fi ƙarfin wasan, sai ya koma guje-guje da jife-jife, inda ya yi fice a jifan faifai. Abokinsa Innocent Egbunike, gwanin tseren mita 400 wanda daga baya ya ci azurfa a gasar duniya ta Roma a 1987, ya riga shi zuwa wata ƙaramar jami'ar mishan a Kalifoniya mai suna Azusa Pacific, gabas da Los Angeles a gindin duwatsun San Gabriel. Egbunike ne ya yi wa kocin guje-gujensu, Terry Franson, bayanin cewa akwai wani ƙato a gida da ya kamata a ɗauko. A 1982 Okoye ya sauka Amurka da tallafin karatu, kuma jifa ce ta kai shi. Ƙwallon Amurka ko a mafarki ba ta cikin lissafinsa. Shi da bakinsa ya sha faɗa cewa da ya fara kallon wasan gundurarsa ya yi, a yi ɗan gudu a tsaya, a taru a yi shawara, a sake.

A nan nake so ka tsaya da ni kaɗan, tunda kai ma majefi ne. Mutane suna ɗauka jifan faifai aikin damtse ne. Duk yaron da aka kawo mini ranar farko da hannu yake jifa, faifan ya tashi yana rawa ya faɗi kusa. Sai in karɓe faifan in ajiye, in ba shi sanda ya saɓa a kafaɗa, mu yi mako biyu ba abin da yake yi sai juyi a cikin da'ira. Da'irar nan mita 2.5 ce kacal, faifan manya kuma kilo 2. A cikin wannan ɗan wuri mutum zai juya sau ɗaya da rabi, ya dasa ƙafar dama a tsakiya, ya bar ƙugu ya riga kafaɗa wucewa, ƙarfin ya taso daga ƙasa ya bi cinya ya bi ƙugu, hannu ya zo daga ƙarshe kamar bakin bulala. Kuma bayan ya saki dole ya tsaya cikin da'irar, in yatsan ƙafarsa ya taka waje jifar ta tashi a banza. Wanda ya yi wannan sau dubbai ya koyi abin da yawancin ƙarti ba su iya ba, wato tattara dukan nauyinsa ya sake shi a cikin ƙiftawar ido ba tare da ya rasa daidaiton ƙafa ba. Okoye ya jefa faifai fiye da mita 64, ya ci kambin ƙasa sau bakwai a rukunin ƙananan jami'o'i a jifan faifai da dalma da guduma. Tsawonsa mita 1.85, nauyinsa wajen kilo 115 zuwa 118, kuma an auna shi ya yi yadi 40 cikin daƙiƙa 4.45. Wannan gudun 'yan sirara ne, masu kilo 85 ko 90. Mutum mai nauyin buhun masara da ɗoriya ya yi irinsa, abu ne da ko a Amurka a zamanin ba kasafai ake gani ba. Kowa ya ci zomo ya ci gudu, kuma shi gudunsa a da'irar jifa da ɗakin ɗaga ƙarfe ya ci shi, tun kafin kowa ya san sunansa.

Sai 1984 ta zo, gasar Olamfik a Los Angeles, tafiyar ƙasa da awa ɗaya a mota daga makarantarsa. Abin da ya bar gida dominsa ke nan. Hukumomin wasanni na Najeriya suka fitar da sunaye babu nasa. Egbunike ya je, ya dawo da tagulla a tseren ba-ni-in-ba-ka na mita 400 sau huɗu, shi kuwa Okoye yana gefe yana kallo. Mutane in suka zo nan sai su ce wani hani ga Allah baiwa ne, kuma gaskiya ne, haka ya zame masa. Amma ni ba na son a yi amfani da wannan magana a wanke masu laifi. Na taɓa horar da wani yaro shekara uku, ya ci gwajin da aka yi a gaban kowa, da aka liƙa sunayen masu tafiya sai muka ga wani ne a gurbinsa. Na raka shi tasha da yamma, takalmansa na jifa a cikin leda, bai ce mini komai ba har mota ta tashi. Bai sake shiga da'ira ba. A kan kowane Okoye ɗaya da ya faɗi ya tarar da wata ƙofa a buɗe, akwai irin wannan yaro da yawa da ba wanda zai yi bidiyonsu.

Ƙofar da Okoye ya tarar kuwa tsarin Amurka ne ya buɗe ta. A Turai ƙungiyoyin ƙwallon ƙafa suna da makarantun renon yara nasu. A ƙwallon Amurka babu wannan, jami'o'i ne gonar da NFL take girbi. Yaro ya buga a sakandare, jami'a ta ɗauke shi ta biya masa karatu, ya buga mata shekara uku ko huɗu, sannan ƙwararru su zaɓa. Manyan jami'o'in suna ƙarƙashin hukumar NCAA, wasu filayensu na cin mutum fiye da 100,000. Azusa Pacific ba ta cikinsu a lokacin, tana ƙarƙashin wata ƙaramar hukuma ce, NAIA, inda ake wasa gaban 'yan dubbai kaɗan. A ganina wannan ƙanƙanta ita ce babbar sa'arsa. Da a Michigan ko Alabama yake, babu kocin da zai ɓata lokaci a kan ɗan shekara 23 da bai san yadda ake ɗaura sulken kafaɗa ba, alhali yana da yara biyar a layi waɗanda tun suna shekara takwas suke wasan. A Azusa koci Jim Milhon yana da sarari da haƙurin koya masa daga baƙi da wasali. Jami'ar ma ta rufe shirinta na ƙwallon Amurka baki ɗaya a ƙarshen 2020, ka ga wannan ƙofar yau babu ita.

Yadda ya zaɓi gurbinsa ma labari ne da yake bayarwa da kansa. Ya ga hoton gudun da Marcus Allen na ƙungiyar Raiders ya yi a wasan ƙarshe na Super Bowl a Janairun 1984, inda ya nufi hagu ya ga an toshe, ya juyo ya ratsa tsakiya ya yi yadi 74 har gida. Okoye ya tambaya wane gurbi ne wannan, aka faɗa masa, ya ce shi ma nan zai buga. Ka riƙe sunan Allen, zai dawo.

Farkon abin bai yi kyau ba. Majefi shi kaɗai yake cikin da'irarsa, ba mai taɓa shi. Yanzu ga mutum 11 kowa burinsa ya kai shi ƙasa. Sai ya koyi yadda ake buɗe hannuwa a karɓi ƙwallo daga madugu ba tare da an kalle ta ba, da yadda ake manna ta a haƙarƙari don kada a fizge, da haddace kiran wasa wanda lambobi ne da kalmomin sirri, da sanin wane rami zai bi tsakanin masu share masa hanya. Abu mafi wuya shi ne karanta fili, wato ganin inda rami zai buɗe kafin ya buɗe. Wannan ba a koyonsa a wata shida, kuma gaskiya har ya yi ritaya bai kai 'yan asalin wasan a nan ba. Amma a matakin NAIA ƙarfinsa da gudunsa sun rufe kowane giɓi. A kakarsa ta ƙarshe, 1986, ya yi yadi 1,680 a wasa tara, ya shiga gida sau 21. Kusan yadi 187 ke nan a kowane wasa, alhali yadi 100 ma ana ɗaukarsa babbar rana.

Masu farautar 'yan wasa na NFL ba su cika yarda da alƙaluman ƙananan makarantu ba, suna cewa kowa zaki ne a cikin awaki. Abin da ya kashe bakinsu shi ne wasan Senior Bowl da ake yi a Mobile ta jihar Alabama, inda ake tara fitattun ɗaliban ajin ƙarshe daga manyan jami'o'i. A Janairun 1987 Okoye ya shiga gida sau huɗu a wannan wasa. A watan Afrilu aka yi zaɓen sabbin 'yan wasa, inda ƙungiyoyi ke ɗauka bi da bi, wadda ta fi shan kashi a bara ita ke fara zaɓa. Kansas City Chiefs suka ɗauke shi a zagaye na biyu, mutum na 35 a cikin fiye da 300. Ko su ɗin ba shi suka sa a gaba ba, don a zagayen farko wani mai gudu da ƙwallo suka ɗauka, Paul Palmer na jami'ar Temple. Okoye ya fara wasan ƙwararru yana da shekara 26. Ka lura da wannan lamba, domin a gurbinsa yawanci daga shekara 29 ko 30 ake fara gangara.

Shekaru biyun farko ba yabo ba fallasa. A 1987, shekarar da 'yan wasa suka yi yajin aiki, ya yi yadi 660. A 1988 rauni a babban yatsa ya hana shi wasanni da dama, ya tashi da 473. Ƙungiyar kanta ba ta da kataɓus, wasa huɗu-huɗu ta ci a kowace kaka. A wannan tsakani ne abokan wasansa suka laƙaba masa Nigerian Nightmare, wato mugun mafarkin da ya fito daga Najeriya, sunan da Kamaru Usman na dambe da kokawar UFC yake amsawa a yau.

A 1989 Chiefs suka kawo sabon koci, Marty Schottenheimer, mutumin da aƙidarsa ita ce a riƙe ƙwallo a ƙasa, a yi ta dukan abokan karawa har su gaji, a bar tsaro ya ƙarasa aikin. Ya duba ya ga Allah ya ajiye masa guduma, sai ya yi ta sara. Ga yadda abin yake in ka kalli wasa guda. Okoye na tsaye yadi shida ko bakwai a bayan layi. Madugu Steve DeBerg ya karɓi ƙwallo ya juyo, Okoye ya riga ya taho, kafin ya iso layin ya kai cikakken gudu. Mutum biyar na gaba sun tura nasu, rami ya buɗe wanda bai fi faɗin ƙofar zaure ba. A cikin ramin akwai ɗan tsaron tsakiya yana jira, shi ma ƙato ne, amma sau da yawa Okoye ya fi shi nauyi. Sauran masu gudu a nan suke kaucewa. Shi sai ya sauke kafaɗa, ya tura daga ƙugu kamar yadda yake sakin faifai, ƙafafunsa ba su daina tafiya ba. Na farko ya manne masa, na biyu ya zo, na uku ya kama ƙafa, duk su faɗi gaba, an ci yadi huɗu. A tashi a sake. Wasan zubi huɗu ne, kuma wannan ba abin burgewa ba ne a zubi na farko. Amma in aka kai zubi na huɗu, bayan an yi haka sau 25, sai ka ga masu tsaro suna miƙa hannu daga nesa maimakon su sa ƙirji, kuma a lokacin ne gudun nan na daƙiƙa 4.45 yake fitowa, irin wanda ka gani a wayarka. Kada kuma a manta da mutum biyar ɗin nan na gaba, ƙarfe ɗaya ba ya amo, bidiyo kuwa ba ya nuna su.

Ya gama kakar da yadi 1,480 daga ɗauka 370, ya shiga gida sau 12, shi ne ɗan Chiefs na farko da ya jagoranci NFL a gudu da ƙwallo, aka sa shi cikin gwanayen shekara. Adalci ya sa in faɗa maka ɗaya ɓangaren. Barry Sanders na Detroit, wanda shekararsa ta farko ke nan, ya tashi da 1,470 daga ɗauka 280 kawai. A wasan da Detroit ta rufe kakar da shi, da Atlanta, ana saura 'yan mintoci, aka gaya wa Sanders yadi 10 ya rage masa ya kamo Okoye, kocinsa ya ce ya koma fili in yana so, ya ce a'a, an riga an ci wasan. Wannan bai rage wa Okoye komai ba, kambin nasa ne halak malak. Amma ya nuna maka bambancin salon biyu. Sanders ya ci kusan tazara ɗaya da ƙarancin karo 90.

Yanzu ka yi lissafi da ni. Ɗauka 370 a wasa 15, kusan 25 a kowace Lahadi, kuma shi ba mai kauce wa duka ba ne, nemansa yake. Filin gidansu, Arrowhead, a lokacin ba ciyawa ba ce, dardumar roba ce a kan daɓe mai tauri, sai a 1994 aka mayar da ita ciyawar gaske. Mutum mai kilo 118 yana birki da juyi a kan wannan, gwiwa ce ke biya.

Akwai wani bidiyon da ko ba jima ko ba daɗe za ka ci karo da shi. Ranar Litinin 17 ga Satumba, 1990, a Denba, duk Amurka na kallo. Okoye ya fito ta rami, Steve Atwater, mai tsaron baya na Broncos, ƙungiyar Denba, wanda Okoye ya ba shi kusan kilo 20, ya taho a guje ya dake shi, Okoye ya koma da baya ya zauna. An maƙala wa Atwater makirufo a daren, don haka ƙarar karon da ihunsa duk suka shiga tarihi. In ka ga ƙi gudu, sa gudu ne bai zo ba. Daga nan aka ƙirƙiri zancen cewa dukan nan ne ya karya shi, wai bai sake zama daidai ba. Ni ban yarda ba, kuma alƙaluma suna bayana. Gaskiya ne 1990 ta yi masa nauyi, yadi 805 kacal, yana fama da rauni, abokin wasansa Barry Word kuma ya karɓi rabin aikin ya wuce yadi 1,000. Amma a 1991 Okoye ya dawo ya yi 1,031, kuma a kowace ɗauka yana cin yadi 4.6, fiye da yadi 4 na shekarar da ya ci kambi. Aka sake zaɓensa wasan gwanaye na Pro Bowl. A kakar ce Chiefs suka doke Raiders a zagayen sili-ɗaya-ƙwale, nasararsu ta farko a wannan mataki tun kofin Super Bowl na Janairun 1970. Wanda duka ɗaya ya karya ba ya yin haka. Abin da ya karya shi tarin dukan da ba wanda ya ɗauka a bidiyo ne.

A 1992 ya sauko zuwa yadi 448, aka mayar da shi mai ƙarasa 'yan yadin ƙarshe a bakin gida. A nan ne makarar da ya yi ta kama shi. Tsohon mai gudu in ƙafa ta fara sanyi yana tsawaita zamansa da wasu dabaru: cafe ƙwallon da aka jefo, tare wa madugu mahara, zamewa daga karo. Okoye bai samu shekarun koyon waɗannan ba. A duk zamansa a NFL sau 42 ya cafe jifa, a shekarar kambinsa ma sau biyu tak. Ƙwallo kuma takan suɓuce masa fiye da yadda koci ke so. A 1993 Chiefs suka sauya salo zuwa gajerun jife-jife, suka kawo Joe Montana a matsayin madugu, suka kawo masa mai gudu da ya iya cafewa. Mutumin kuwa shi ne Marcus Allen. Gwiwar Okoye ta riga ta ƙi, bai buga kakar ba, wasansa ya ƙare a nan yana da shekara 32. A shekarar ce kuma aka fara bai wa 'yan wasa cikakken 'yancin sayar da kansu ga ƙungiyar da ta fi tayi, wanda ya buɗe ƙofar manyan kuɗi. Ƙiris ya rage ya same ta.

Jimilla ya yi yadi 4,897, ya shiga gida da gudu sau 40. Ranar da ya tafi babu ɗan Chiefs da ya kai shi, daga baya Priest Holmes da Larry Johnson da Jamaal Charles suka wuce shi. Ƙungiyar ta sa shi a zauren gwarazanta a 2000. Ba ya cikin babban zauren gwarazan NFL da ke Kanton a jihar Ohayo, kuma ni da nake ƙaunarsa ban ga an zalunce shi ba, shekara biyu na ganiya ba su isa wannan ba. Darajarsa a wani wuri take. Kafin shi, kocin Amurka ba ya tunanin Afirka in yana neman ɗan wasa. Ya zauna a Kalifoniya bayan ritaya, yana da gidauniya mai sunansa da ke shirya wa yara sansanonin wasa.

To kai fa, me zai hana? Ba zan kashe maka gwiwa ba, kuma ba zan yi maka daɗin baki ba. An maimaita irin labarin: Ezekiel Ansah daga Akara ya je jami'ar Brigham Young (BYU) a Amurka, ya fara da guje-guje, ya shiga ƙwallon Amurka a 2010, a 2013 Detroit ta ɗauke shi mutum na biyar a duk zaɓen. Yau ma akwai hanyar da babu ita a zamanin Okoye. NFL tana da shirin ɗauko 'yan ƙasashen waje tun 2017, Osi Umenyiora wanda ya ci Super Bowl sau biyu da New York Giants yana neman matasa a Najeriya, kuma a 2022 an yi sansanin NFL na farko a Afirka a Gana. Sai dai ka lura, waɗanda ake ɗauka daga Afirka ta wannan hanya yawancinsu 'yan layin gaba ne, masu turawa ko masu kai wa madugu hari, inda tsawo da nauyi da saurin tashi suka fi yawan sanin wasa muhimmanci. Gurbin Okoye ba a cika ba baƙo shi yanzu ba. Kuma ko a cikin yaran Amurka da suka kai matakin jami'a, waɗanda NFL ke zaɓa ba su kai biyu cikin ɗari ba. Akwai kuma batun kai. An tabbatar da cewa yawan karo yana lahanta ƙwaƙwalwa ko da hular kwano, har NFL ta amince a 2013 ta biya tsofaffin 'yan wasa diyyar ɗaruruwan miliyoyin dala. Wannan magana ce da ya kamata ka yi da mahaifanka kafin kowa.

Da ɗana na cikina ne kai, cewa zan yi kada ka saki dalmar nan. Ita ce abin da ke hannunka wanda ake iya aunawa da tef, kocin da ke wata nahiya ya ga lamba ya gane ba sai ya san ka ba, kuma ita ce ta kai Okoye inda ƙwallon ta same shi. Ka kula da takardunka, don jami'a ba ta ɗaukar majefi sai ya cika sharuɗɗan ɗalibi. Duk wanda ya ce ka ba shi kuɗi ya kai ka gwaji a Amurka, ka riƙe aljihunka. Sannan ban san wace dalma kuke jefawa a makarantarku ba, don sau da yawa ta yara ce mai kilo 5 ko 6 ake ba ku, ta manya kuwa kilo 7.26 ce. Ka nemi ta manyan, ka yi jifa shida a da'ira ta gaskiya a auna da tef. Ka auna yadi 40 a fili mai kyau, mutum biyu su riƙe agogo, ka yi sau uku. Ka aiko mini da waɗannan tare da tsawonka da nauyinka, sai mu san maganar da za mu yi.